Tambaya: in magani ya kashe ƙwayar cutar, to me ke ci gaba da lalata jikin?

ɗalibar_lafiya ta rubuta:

Salamu alaikum 'yan gida, da fatan an wuni lafiya. Dan Allah ma'aikatan lab da likitocin da ke cikinmu ina da tambaya, ta daɗe tana min yawo a kai. Ina aji biyu a makarantar koyon aikin lafiya, an yi mana bakteriya an yi mana bairos mun haddace sunaye har kai ya yi zafi, amma har yau ba wanda ya zauna ya ce mana ga takamaimai abin da suke yi wa ƙwayoyin jikinmu. Cinye su suke yi ne ko fasa su suke yi ko me? A littafi sai ka ga an ce cuta kaza tana lalata hanta, shi ke nan an wuce, to ta yaya?

Abin da ya ƙara ɗaure min kai shi ne mashaƙo. Lokacin da ta ɓarke a Kano daga ƙarshen 2022 zuwa 2023 ana ta cewa antibayotik kaɗai bai isa ba sai an haɗa da wata allura ta daban mai kashe dafi, kuma wai yaro zai iya warkewa a maƙogwaro har ya fara cin abinci, a ce Alhamdulillahi, sai bayan sati ɗaya ko biyu zuciya ta fara ba da matsala. To in maganin ya riga ya kashe ƙwayar me ya rage a jikin? Kuma ina ruwan ciwon maƙogwaro da zuciya? A yi min da Hausa dan Allah, turancin ne ya ishe ni. Na gode.

Malamin_Lab ya rubuta:

Wa alaikumus salam ƙanwata. Tambaya mai kyau, kuma kin yi dace da kika ɗauko mashaƙo don ba cutar da ta fi ta nuna wannan abin.

Ita ƙwayar mashaƙo bakteriya ce, Corynebacterium diphtheriae, kuma ba ta da yawo sam, a maƙogwaro take zama da wuya ki same ta a cikin jini. Abin da take yi shi ne ta riƙa fitar da wani furotin, shi ne dafin, shi ne mai tafiya. Tun 1888 wasu masu bincike biyu a cibiyar Pasteur, Roux da Yersin, suka tace ruwan da aka raini ƙwayar a ciki suka cire ƙwayar tas, suka yi wa dabbobi allurar ruwan zalla, dabbobin suka kamu da irin illar da cutar ke yi. Kin ga tun a nan an gane ba sai ƙwayar tana wurin ba.

Dafin kashi biyu ne a manne. Kashi ɗaya aikinsa ya kama wani furotin da ke saman ƙwayar jikinmu, sai ita ƙwayar jikin da kanta ta haɗiye shi ta shigar da shi ciki, sai kashi na biyu ya ɓalle ya faɗa cikin ruwan ƙwayar. Kusan kowace ƙwayar jiki tana da ribosom, wurin da ake haɗa furotin kenan, kuma akwai wani mataimaki da ake kira EF-2 wanda shi ke matsar da ribosom gaba yayin haɗawar. Dafin sai ya liƙa wa EF-2 wani sinadari ya daina motsi. Kuma ba ɗaya yake lalatawa ya mutu ba, yana gama da wannan ya koma kan wancan, shi ya sa aka nuna cewa ƙwayar dafi guda ɗaya tak in ta shiga ta isa ta kashe ƙwayar jiki sukutum. Ƙwayar da ba ta haɗa furotin kuwa ba ta da sauran rayuwa.

Farar yanar nan mai ruwan toka da kike gani a maƙogwaron yaro, matattun ƙwayoyin wurin ne da daskararren jini da ƙwayoyin garkuwa da su bakteriyar duk a cakuɗe, ta manne sosai in aka ce za a kankare sai jini, kuma ita ce ke toshe numfashi. Ragowar dafin kuma ya bi jini. Tsokar zuciya tana ɗaukarsa sosai, haka jijiyoyi masu kai saƙo, haka ƙoda. To ɓarnar ba a take take bayyana ba, sai ƙwayoyin zuciya sun yi ta mutuwa kaɗan kaɗan, wurin ya kumbura, layin da ke ɗaukar saƙon bugawa ya taɓu, sai ki ga a sati na biyu bugun ya rikice alhali maƙogwaro ya yi fes. Na jijiya ma ya fi jinkiri, wani sai sati uku ko fiye sannan a ga yaro yana shan ruwa yana dawowa ta hanci muryarsa ta canza.

Antibayotik yana kashe mai fitar da dafin, ya tsayar da ƙari, ya kuma hana a shafa wa wasu, amma ba ruwansa da wanda ya riga ya fita. Allurar kashe dafin daga jinin doki ake samo ta, Emil von Behring ne ya ci kyautar Nobel a 1901 a kan wannan aikin, kuma har yau dokin ne dai. Ita ma iyakarta dafin da ke yawo a jini, wanda ya riga ya shige cikin ƙwayar zuciya ya fi ƙarfinta. Shi ya sa ba a jiran sakamakonmu na lab, likita na ganin alamun zai bayar, kwana ɗaya na jinkiri ba wasa ba ne a wannan ciwon.

Amma kada ki ɗauka duk dafi kisa yake yi. Kwalara ta fi ba ni mamaki wallahi. Ƙwayarta, Vibrio cholerae, ba ta huda hanji, ba ta shiga jini, kuma in kika duba bangon hanjin mai kwalara a madubin lab za ki ga ƙwayoyin suna nan da ransu. Dafinta yana shiga ƙwayar hanji ne ya kunna wani furotin da ke ba da umarni ya hana shi kashe kansa, sai wani sinadari mai suna cAMP ya taru, sai ƙwayar ta buɗe hanyar fitar da gishiri ta bar ta a buɗe, ruwa kuma gishiri yake bi. Babban mutum yana iya zubar da kusan lita 1 a awa guda. Ba ƙwayar da aka kashe masa amma ya bushe, jini ya yi kauri, ƙoda ta tsaya. Wani likita ɗan Indiya Sambhu Nath De ne ya nuna dafin a 1959 a Kolkata. Kuma dalilin da ya sa ruwan gishiri da sikari, wato ORS, ke aiki kenan, akwai wata hanya ta daban a bangon hanjin da ke shigar da gishiri tare da sikari, dafin bai taɓa ta ba, to ta nan ake mayar da ruwan. Da ƙwayoyin sun mutu da ORS bai yi komai ba.

Tetanus kuma ƙwayar tana can cikin ɗan rauni ko a cibiyar jariri da aka yanke da abu mara tsabta, dafin ya kama jijiya ya bi ta a hankali har laka. A can ya yanke wani furotin da jijiyoyi masu tsayar da tsoka ke bukata don su saki saƙonsu. To umarnin a ɗaure yana zuwa, na a saki ba ya zuwa, sai haƙora su sarƙe baya ya lanƙwashe, mutum kuma yana cikin hayyacinsa yana jin komai, Allah ya kiyaye.

Bari in tsaya haka aiki ya taso, bangaren bairos akwai waɗanda suka fi ni a nan.

Mai_Kemis ya rubuta:

Malam Allah ya ƙara basira, na ƙaru. Ni dai yadda na riƙe abin a saukake shi ne bakteriya tana waje tana zuba dafi, bairos kuma ba shi da dafi sai dai ya shiga ciki ya hayayyafa ya fasa ƙwayar, iyakar bambancin kenan ko? Kuma tunda an zo wurin, kullum sai an zo min shago ana cewa a ba ni kafso mura ta kama ni, in ka ce mura bairos ce kafso ba ya mata komai sai a ce rowa kake ko ba ka san aikinka ba, a wuce shagon gaba a saya. Wani ma ya ce min ai ya sha amfisilin kwana uku murar ta tafi, na ce ai ko ruwa ka sha za ta tafi hhh. A ɗan yi mana bayanin me ya sa ba ya aiki, in samu abin faɗa musu wanda ya fi "haka aka ce".

Anti_Bayoloji ta rubuta:

Mai kemis sannu da fama da jama'a. Rabon da ka yi zai ci maka jarrabawar aji ɗaya amma ba haka yake cif ba. Ƙwayar tarin fuka bakteriya ce kuma a cikin ƙwayoyin garkuwa take zama, waɗanda suka haɗiye ta don su narkar da ita su ne gidanta. Ta taifod ma haka. Ta amosanin ido kuwa ba ta ma iya hayayyafa sai a cikin ƙwayar jiki. A ɗaya bangaren kuma rota, bairos ɗin nan mai sa jarirai gudawa wanda aka saka rigakafinsa cikin jerin na yara a Najeriya a 2022, yana da wani furotin da ke aiki kamar dafi a hanji bayan kashe ƙwayoyin da yake yi. To ka ga.

Maganar kafso gajeruwa ce. Amfisilin da danginsa bangon bakteriya suke hana ginawa sai ta fashe, wasu magungunan kuma ribosom ɗin bakteriya suke kamawa don ya bambanta da namu. Bairos ba shi da bango irin wannan, ba shi da ribosom ko ɗaya, namu yake amfani da shi. To me maganin zai kama? Sai dai ya je ya kashe bakteriyar hanjinka masu amfani ya bar masu taurin kai.

Yanzu 'yata ga naki. Bairos ɗan saƙo ne na gado, RNA ko DNA, a naɗe cikin rigar furotin, ba ya ci ba ya sha ba ya numfashi. Na shan inna faɗinsa wajen nanomita 30 ne (nanomita ɗaya kashi ɗaya ne cikin miliyan na milimita), bakteriya a kusa da shi ƙatuwa ce. Yana shiga ta baki ya hayayyafa a maƙogwaro da hanji, kuma yawancin yaran da suka kamu ba sa ma nuna wata alama, kamar 1 cikin 200 ne ke samun shanyewar da ba ta warkewa. In ya shiga ƙwaya abu na farko da yake yi shi ne ya sa a haɗa masa wani furotin mai yanka, shi kuma ya je ya yanke wani mataimakin ribosom mai suna eIF4G wanda sai da shi ake karanta saƙonnin ƙwayar. Saƙon bairos ɗin kuwa yana da nashi tsarin da ba ya bukatar cikakken mataimakin. Ki ɗauka injin niƙa ne na unguwa, dafin mashaƙo da Malam ya faɗa tsinke bel ɗin yake yi kowa ya rasa, shi kuwa shan inna korar masu layi yake yi ya bar injin yana ta aiki amma hatsinsa kaɗai ake niƙawa. Cikin awa 6 zuwa 8 ƙwayar ta cika da dubban sababbin bairos, ta mutu ta fashe su fito su kama na kusa.

In a hanji ne ba wata asara, ƙwayoyin bangon hanji dama cikin 'yan kwanaki ake sauya su. Masifar ita ce in ya kai laka, don can yana zaɓar ƙwayoyin jijiya masu ba tsoka umarni, su kuma ba a sake haifarsu, wadda ta tafi ta tafi. Tsokar da ta rasa mai ba ta umarni sai ta saki ta rame. Shi ya sa mai shan inna yana jin taɓi a ƙafar, yana jin zafi yana jin sanyi, motsin ne babu, don jijiyoyin ji ba su ya taɓa ba. Wannan ita ma amsa ce ga tambayarki, bairos ɗin ya bar jikin tun yaro yana shekara biyu amma ga shi da gemu yana jan ƙafa. Na ƙarshe da aka gani na asalin bairos ɗin a Najeriya a Borno ne 2016, aka ayyana Afirka ta rabu da shi a watan Agusta 2020.

Kyanda nata salon daban ne kuma ni ita ce ta fi ba ni haushi saboda yadda muke raina ta, a ce ai kowane yaro sai ya yi. Furotin ɗin da take shiga ƙwaya da shi yana sa ƙwayoyin da ke maƙwabtaka su narke su haɗe su zama ƙatuwar ƙwaya ɗaya da ba ta iya aikin komai, ana ganin irinsu a huhu. Amma babbar ɓarnar ita ce ƙwayoyin garkuwa take fara kamawa, har da masu riƙe tarihin cututtukan da yaro ya taɓa yi ko aka yi masa rigakafinsu. A 2019 an fitar da bincike kan yaran Holan da ba a yi wa rigakafi ba, aka auna jininsu kafin kyanda da bayanta, aka ga sun rasa tsakanin kashi 11 zuwa 73 cikin 100 na ire-iren garkuwar da suka tara. Shi ya sa yaro zai tashi daga kyanda ƙuraje su baje, sai nimoniya ta kama shi, sai gudawa, sai kunne ya fara ruwa, iyaye su ce tun da ya yi kyandar nan bai ƙara lafiya ba. Gaskiyarsu ce.

Sai kuma wanda zai rushe maka rabonka gaba ɗaya mai kemis, ciwon hanta nau'in B. Wannan bairos ɗin kusan ba ya kashe ƙwayar hanta da kansa, zama yake yi a ciki yana fitar da 'ya'yansa a hankali ƙwayar tana raye. Masu kashe ta su ne ƙwayoyin garkuwarmu da ake kira T, suna ganin alamar baƙo a samanta sai su hallaka ta. Babba mai ƙarfin garkuwa yana iya yin rashin lafiya ido ya yi ɗorawa, amma yawanci ya kore shi gaba ɗaya. Jaririn da ya ɗauka wurin haihuwa kuwa kusan 9 cikin 10 bairos ɗin zama yake yi, garkuwar ba ta kore shi ba kuma ba ta ƙyale shi ba, shekara ashirin talatin ana kashewa hanta tana sake tsirowa, tabo kan tabo har ta ƙandare, ga kuma bairos ɗin yana cusa guntun DNA ɗinsa cikin namu, daga nan cutar daji, wato kansa, take samun hanya. Dalilin allurar nan ta cikin awa 24 da haihuwa kenan wadda masu haihuwa a gida suke yawan rasawa.

ɗalibar_lafiya ta rubuta:

Kai Anti na gode, Malam na gode Allah ya saka da alheri, wallahi sai yanzu EF-2 ɗin nan ya zauna min. Amma maganar hanta ta tayar min da wata, kenan wani lokacin jikin ne ke cutar kansa? Sanƙarau fa, a wane layi take? Don an ce mana ƙwayarta tana zaune a maƙogwaron mutane da yawa lafiya lau ba ta musu komai, to ta yaya abu ɗaya zai zauna lafiya da wani ya kashe wani a kwana ɗaya.

Nas_Damagaram ya rubuta:

Gaisuwa daga Damagaram. Ƙanwa bari in amsa miki wannan don mu nan sanƙarau ba labari ba ne, duk rani in iska mai ƙura ta taso zafi ya shigo mun san mu shirya.

Gaskiya ne, Neisseria meningitidis tana zama a bayan hanci da maƙogwaron mutane masu lafiya, lokacin annoba ma sun fi yawa. Muddin tana saman tantanin ba matsala. Busasshiyar iska da ƙura da mura suna raunana tantanin, sai ta samu ta ratsa ta shiga jini, tana kuma da wata riga ta sikari da ke sa ƙwayoyin garkuwa su kasa kama ta da wuri, wanda jikinsa bai taɓa sanin wannan rigar ba shi ne ke faɗuwa. Ita ba ta da dafi irin na mashaƙo mai shiga ƙwaya ya lalata wani abu. Nata dafin a jikin fatarta yake, kuma tana ta zubar da 'yan ƙananan ƙullutu na fatar a cikin jini tana raye. Jikinmu yana da masu gane wannan sinadarin, suna ganinsa sai su yi kururuwa, kuma in kaɗan ne kururuwar alheri ce. In ya yi yawa sai kowace ƙwayar garkuwa ta saki nata sinadaran a lokaci guda, jijiyoyin jini su saki su fara yoyo, hawan jini ya faɗi, jini ya riƙa daskarewa a ƙananan jijiyoyi yana kuma tsiyaya a wasu wuraren. Ɗige-ɗigen nan masu duhu da ba sa ɓacewa in an danna daga nan suke, kuma a baƙar fata sai kin duba tafin hannu da tafin ƙafa da cikin fatar ido, in ba haka ba za su wuce ki.

In kuma ta haye cikin ruwan da ke kewaye da ƙwaƙwalwa, can dama masu tsaro kaɗan ne sai ta yi ta ninkuwa, kafin fararen ƙwayoyin jini su iso ta yi yawa, su kuma in sun zo ba sa zaɓe, abubuwan da suke fesawa don kashe ta suna ƙona ƙwayoyin jijiya ma. Ruwan da ya kamata ya fito garau in an ɗiba a baya sai ki gan shi ya yi gurɓi. Ƙwaƙwalwa ta kumbura ga ƙoƙon kai ba ya buɗewa, jini ya kasa shiga yadda ya kamata. Kumburin yana gangarawa cikin kunne ya lalata ƙwayoyin ji, su ma ba sa dawowa, shi ya sa garuruwanmu ba a rasa kurman da za a ce miki sanƙarau ce ta bar shi haka. Kamar 1 cikin 5 na waɗanda suka tashi suna fita da wata illa, ko kurumta ko farfaɗiya ko wahalar karatu. Antibayotik ɗin seftiriyazon yana kashe ƙwayar da sauri ƙwarai, amma abin da ya ƙone kafin a kawo yaro ya ƙone.

Ku a Najeriya ta 1996 ta kama sama da mutum dubu 100 ta kashe sama da dubu 11, nau'in A ce. Rigakafin MenAfriVac da aka fara a 2010 a Burkina Faso da Mali da nan Nijar ya kusan share A ɗin, sai ga C ta taso mana a Yamai 2015, ku kuma Zamfara 2017. Rigar sikarin ce ta bambanta, garkuwar da ta san ta A ba ta gane ta C.

Mashaƙon da kika fara da shi mu ma mun sha shi a 2023, Matamaye ta fi jin jiki. Abin da zan ƙara kan na Malam shi ne na aiki, in an sallami yaro ki ja wa uwar kunne kada ya yi guje-guje, ta dawo da shi in ta ga yana haki ko ya yi laushi ko yana amai ko ruwa na fita ta hanci, kuma ki riƙa ƙirga bugun da hannunki kada ki ce maƙogwaro ya warke. Sannan a yi masa rigakafin duk da ya yi ciwon, don yin ciwon ba kullum yake barin garkuwa ba.

Malamin_Lab ya rubuta:

Na dawo. Anti da ɗan'uwa na Damagaram kun gama magana, abu ɗaya zan ɗora don mai kemis ya ƙara rikicewa hhh.

Ba kowace ƙwayar mashaƙo ce ke da dafi ba. Umarnin haɗa dafin ba nata ba ne na asali, na wani bairos ne da ke kama bakteriya, ya shige ta ya manna DNA ɗinsa cikin nata. Wani mai bincike Freeman ne ya gano haka a 1951, ya ga ƙwayar da ba ta da illa ta koma mai dafi bayan bairos ɗin ya kama ta. Kwalara ma haka, a 1996 Waldor da Mekalanos suka nuna cewa dafinta wani bairos ne ya kawo mata shi. Shi ya sa a lab in mun raini ƙwayar mashaƙo daga maƙogwaro aiki bai ƙare ba, sai an sake wani gwajin a ga ko tana fitar da dafin, ko gwajin Elek ko PCR mai neman umarnin dafin. Kuma tana fi zuba dafin ne in ta rasa sinadarin ƙarfe a inda take, jikinmu kuwa ɓoye ƙarfen yake yi da gangan don ya hana ƙwayoyin cuta samu.

Rigakafin ma ki lura ba ƙwayar aka nufa da shi ba. Dafin ake ɗauka a jiƙa shi da fomalin ya daina aiki amma siffarsa tana nan, Gaston Ramon ya fito da wannan dabarar a 1923, shi ne ke cikin allurar Penta da ake yi wa jarirai a sati 6 da 10 da 14, na tetanus ma haka aka yi shi. Don haka wanda aka yi wa rigakafi zai iya ɗaukar ƙwayar a maƙogwaro har ya shafa wa wani, amma dafin na fitowa garkuwa za ta tare shi kafin ya kai zuciya. In an samu mai ciwon a gida shi ya sa ake bin duk 'yan gidan da antibayotik har da waɗanda katinsu ya cika.

Mai_Kemis ya rubuta:

To ni yanzu an bar ni da bairos mai dafi da bakteriya mai shiga ciki da bairos mai kama bakteriya, Allah ya isa tsakanina da ku hhh. Anti saura taifod, me ke huda hanjin a sati na uku, ita ce ko mu ne?

Anti_Bayoloji ta rubuta:

Ku biyun ne. Akwai wasu tarin ƙwayoyin garkuwa a bangon ƙarshen ƙaramin hanji, ta nan take fara shiga jiki, ta je hanta da saifa da ɓargo ta hayayyafa a cikin ƙwayoyin garkuwa, sannan ta biyo ruwan matsarmama ta sake dawowa hanjin da yawa. Wannan karon wuraren sun riga sun san ta, sai su kumbura fiye da kima har jini ya kasa isa tsakiyarsu, naman ya mutu ya zube ya bar gyambo, in gyambon ya yi zurfi ya ɓulle. In mai zazzaɓin sati biyu ko uku ya zo maka cikinsa ya ƙandare yana ciwo ko'ina, kada ka ba shi komai a shago, aikin tiyata ne, a sa shi a mota.